Risibar Inna da Injiniyan Kasuwar Gujungu

Saura kwana goma sha takwas a ɗauki azumi risibar gidanmu ta mutu. Ba mutuwar tsufa ta yi ba, kashe ta aka yi, kuma wanda ya kashe ta har yau a kwanona yake cin tuwo. Ɗan ƙanena ne da yake zaune a wurina yana karatun sakandare. Na dawo daga masallaci bayan isha'i na tarar da shi tsugune gaban talabijin ya yi tagumi, risiba ta kunna jar fitila ta ƙi gaba ta ƙi baya. Ya ce, "Baffa, wallahi ya kai sittin da wani abu cikin ɗari, sai batir ya yanke." A lokacin ban ma san mene ne ya kai sittin ɗin ba.

Ni malamin firamare ne a wani ƙauye cikin ƙaramar hukumar Taura. Wutar gidanmu ta sola ce, faranti ɗaya da batir ɗaya da ya fara gajiya, in dare ya yi nisa sai inbata ta yi kuka sau uku ta ɗauke. Dishi biyu muke da su a kan katanga. Babban yana kallon Nilesat, tauraron Masar da ke digiri 7 yamma, ƙaramin kuma yana kallon Eutelsat 16A a digiri 16 gabas, an haɗa su da wannan ɗan makunnin da ake kira daisek, waya ɗaya ta shigo ɗaki. Duk wannan ɗawainiya saboda Inna aka yi ta. Idonta ya yi rauni, ba ta karanta sunan tasha, amma ta riƙe lamba a yatsa: ɗaya Makka, biyu Madina, uku Arewa24 in jikoki sun matsa mata. Tun da ƙafa ta hana ta zuwa masallaci, tarawihin Harami ya zama nata.

Abin da ya faru kuwa shi ne, akwai wata tashar wasanni ta kyauta da yaron yake kallo, rana ɗaya ta koma murya babu hoto. Wani abokinsa a makaranta ya ce masa ai sofwayar risibar ce ta tsufa, ya tura masa sabuwa a waya, har da albishir cewa za ta buɗe tashoshin ƙwallo na kuɗi. Yaro ya zuba a filash, ya jira na fita, ya soka. Ya zaɓi daren da aka wuni da hazo, batir bai sha rana ba.

Washegari Inna ta danna ɗaya, ba ta ga komai ba. Da yake ni ne ɗan fari ba ta faɗin sunana, sai ta ɗaga murya ta ce wa matata, "Ki gaya wa mai gidan nan akwatin nan ya yi shiru." Ta faɗa ina tsaye a bakin ƙofa.

Wani malami abokin aikina ne ya ce in kai ta Gujungu ranar Lahadi, in nemi layin masu gyaran waya, in tambayi Injiniya mai risiba. Sunan da kowa yake kiran sa da shi ke nan, ni ma haka zan bar shi. Wanda ya taɓa bin hanyar Hadejia ko Gumel daga Kano ranar kasuwar ya san cunkoson wurin, dabbobi da buhunan hatsi da motocin lodi har kan kwalta. Rumfarsa ta kwano ce, ba ta fi a shimfiɗa tabarma biyu ba. Akwai benci ɗaya, da ƙaramar talabijin, da mita, da ƙarfen narka dalma, da bulowa mai hura iska mai zafi, da wani tsohon laftof da aka ɗaure murfinsa da salatif. A bayan rumfar ya kafa dishi cikin tayar mota da aka cika da siminti. Abin da na fara lura da shi, ko da yake sai daga baya na gane muhimmancinsa, shi ne batir ɗin mota a ƙarƙashin tebur. Janareta na maƙwabcinsa yana aiki, amma duk risibar da zai zuba wa sofwaya a kan batir yake ɗora ta.

Ya karɓa ya jujjuya ta. "Malam, wa ya taɓa ta?"

Na ce yaro ne.

Ya ce, "Kullum yaro ne."

Na zaci zai ɗauko filash nan take, sai ya fara da adafta. Ya ɗora mita ya ga tana ba da bolt 12 ɗinta daidai. Sannan ya kwance murfi ya hure ƙurar hunturu da ta yi gado a ciki, ya duba kafasitoci ko akwai wadda kanta ya kumbura. Ya ce da yawa daga risibobin da ake kawo masa a ce sofwaya ce ta tashi, adafta ce ta raunana ko kafasita ta kumbura, kuma alamar iri ɗaya ce: jar fitila, ko ta riƙa kunna kanta tana kashewa. Mai son kuɗin banza sai ya canza kafasitar naira ɗari biyu ya ce maka ya yi aikin kwamfuta. Tawa dai lafiyar jikinta ƙalau.

Daga nan ya nuna mini abu biyu a kan allon ciki da bakin sukudireba. Ɗaya baƙin aisi ne mai faɗi, wato ƙwaƙwalwar na'urar, an rubuta GX6605S a bayansa, na wani kamfanin ƙasar Sin. Ɗayan ɗan mitsitsi ne mai ƙafa takwas, bai kai ƙwayar wake ba. Bayanin da ya yi mini ya zauna a kaina saboda da yaren tsangaya ya yi shi. Ya ce babban shi ne almajiri, ƙaramin shi ne allonsa. Duk abin da risiba ta sani, yadda za ta farka, yadda za ta ji maganar rimot, yadda za ta aika wuta zuwa kan dishi, menu, jerin tashoshi, duk a kan wannan ɗan allo mai cin megabait 4 aka rubuta. In za a sa sabuwar sofwaya, wanke allon ake fara yi sannan a rubuta sabo. "Yaronka ya wanke allo, ya fara rubutu, tawada ta ƙare a tsakiya. Yanzu almajiri ya tashi ya ɗauki allo bai ga abin karantawa ba, shi ne ya zauna ya yi ja."

Akwai hanyar gaggawa da ya fara gwadawa. Ana goge filash a tsarin FAT32, a ɗora fayil ɗin sofwaya shi kaɗai a fili ba cikin wata jaka ba, a sa masa sunan da aisin yake nema idan ya farka. Na irin tawa GxRom.bin ne, masu aisin Sunplus kuma rom.bin. Sai a soka filash kafin a ba ta wuta. In farkon allon bai goge ba, takan janyo fayil ɗin ta gyara kanta. Ya nemi filash ɗin yaron da na zo da shi, ya buɗe a laftof kafin ya yi amfani da shi, sai na ga ya yi tsaki. Ya ce ko da batir bai yanke ba, da wuya a wanye lafiya, domin fayil ɗin ba na allon cikin wannan risibar ba ne.

Nan ne ya daɗe yana magana, ni ma nan na fi ƙaruwa. Risibobin nan masu araha da ake kawowa daga Sabon Gari, kwali ɗaya ne, suna ɗaya a goshi, amma hanji daban. Na bara da na bana ma sukan bambanta. Ko aisin ya zo ɗaya, sai a samu ɓangaren kama sigina daban, ko lambobin rimot daban, ko fitilar gaba daban. Shi ya sa mutum zai sa sofwaya ta shiga lafiya lau, hoto ya fito, amma rimot ya daina aiki, ko sigina ta tsaya a sifili duk yadda aka juya dishi. Sunan da ke jikin kwali ba shi ake bi ba. Lambar da aka buga a kan allon ciki ake bi, da wadda ke shafin bayanin na'ura a cikin menu, inda ake ganin samfurin allo da ranar sofwayar da ke kai. A ƙa'ida risiba takan ƙi fayil ɗin da ba nata ba. Amma fayilolin da ke yawo daga waya zuwa waya akwai waɗanda aka yi wa kwaskwarima don su tsallake wannan binciken, kuma irin su ne aka ba yarona.

Ya jawo wani littafin rubutu irin na ɗalibaina, ya yi baƙi da maiƙon hannu. Duk risiba mai lafiya da ta shigo rumfarsa, ko da jerin tashoshi kawai aka zo gyarawa, sai ya kwafe abin da ke cikin ɗan allonta gaba ɗaya ya adana a laftof, ya rubuta lambar allo da kamannin rimot a littafin. Wannan kwafin shi suke kira damf. Ya bi layi-layi da yatsa har shafi na ƙarshe, babu lambar tawa. Akwai wata mai kama da ita, harafi ɗaya ya raba su. Na ce a gwada mana, tunda dai a mace take. Ya ce zai iya, ƙila ma ta tashi, amma in rimot ya ƙi aiki zan sake biyan kuɗin wani rimot, in kuma sigina ta riƙa yankewa sati mai zuwa shi zan zaga a gari. "Malam, ka san wani mai irin ta sak?"

Na sani kuwa. Rana ɗaya muka saye su da mai shayin bakin tashar garinmu, a shago ɗaya.

Haka na koma gida hannu rabbana, bai karɓi ko sisi ba a wannan rana, risibar ma ya ce in tafi da ita don ba ya son ajiyar kayan mutane a rumfar da ba ya kwana. Satin nan Inna ta koma rediyo. Ba ta yi wa kowa faɗa ba, abin da ya fi faɗan ciwo ke nan. Yaron kuwa ya zama mai ladabin dole, ɗiban ruwa har da wanda ba a aike shi ba.

Mai shayi ya sha mini wuya kafin ya yarda. Kasuwarsa ta dare ce, kuma rabin masu zaman bencinsa talabijin ce take riƙe su ba shayin ba. Ya ce in ɗauka da safe in dawo da ita kafin magariba, "in kuma ta dawo da jar fitila, Malam, albashinka na wata ya shiga uku."

Ga laifin Injiniya na farko: ba ya cika lokaci. Ya ce mini ƙarfe tara. Na iso tara saura, na zauna a benci da risiba biyu a leda kamar mai tallar su, bai ɓullo ba sai sha biyu saura. Na kira wayarsa sau huɗu tana ringi ba a ɗauka. Da ya zo ya ce wani dishi ya je ɗaurawa a hanya, ko haƙuri bai ba ni da kyau ba. Kafin ya zauna mutum biyar sun taru, kuma ba layi yake bi ba, wanda ya fi ɗaga murya shi ake fara sallama. Mai zuwa wurinsa ya ware wuni guda, ya haɗa da cefanen kasuwa.

Amma da ya sa hannu, aikin ya burge ni. Ya fara buɗe ta mai shayi ya gwada lambar allo da tawa, suka zo ɗaya. Ya rufe, ya kunna ta a kan batir, ya shiga menu ya kwafe damf ɗinta a filash. Bai fi minti biyu ba, kuma bai canza mata komai ba. Ya nuna mini girman fayil ɗin a laftof, kilobait 4096 cif, ya ce in damf na allo mai megabait 4 bai cika haka ba to akwai abin da ya ɓace. Ya gwada hanyar filash a tawa, ta ƙi, alamar farkon allon ma ya tafi. Akwai hanyar waya da ake kira RS232, wadda ake haɗa risiba da kwamfuta, amma tawa ba ta da wannan ramin a baya, sai wasu 'yan ƙusoshi a ciki, shi kuma ya ce ya fi amincewa da ya ciro ɗan allon gaba ɗaya. Ya hura masa bulowa, ya ɗauke shi da hantsaki, ya ɗora a wata 'yar na'ura kamar filash mai suna CH341A. Abin da ya ba ni mamaki, sai da ya fara kwafe gurɓataccen abin da ke ciki ya adana kafin ya goge. Na ce me za ka yi da shara? Ya ce ba ya goge abin da ba shi da kwafinsa, ko na mahaukaci ne. Ya goge, ya rubuta na mai shayi, ya sa kwamfuta ta gwada abin da ta rubuta da na asali, sannan ya mayar ya liƙe ƙafafu takwas ɗin yana duba ɗigon da ke nuna ƙafa ta farko don kada ya juya shi.

Fitila ta yi ja, ta koma koriya, tambarin kamfani ya fito. Rimot ɗina ya yi aiki. Naira 3,500 ya karɓa. Na so in yi ciniki, na tuna kuɗin sabuwa, na yi shiru.

Sai na tambaye shi maganar da ta jawo duk wannan, tashar wasanni mai murya babu hoto. Ya yi dariya ya ce babu sofwayar da za ta dawo da ita. Tashar ta koma wani sabon salon matse hoto da ake kira H.265, wanda ya fito a 2013, shi kuwa aisin da ke cikin tawa iyakarsa H.264 na 2003. Muryar tana fita saboda salonta bai canza ba, hoton ne ya fi ƙarfinsa. "Ko me ka ba akuya ta ci, ba za ta ja garma ba." Na tuna an taɓa yin irin haka shekarun baya, lokacin da tashoshi suka riƙa barin MPEG-2 suna komawa MPEG-4 da tsarin DVB-S2, manyan risibobin nan masu nauyi da muka fara sani suka zama abin ɗora fitila. Ashe tarihi ne ya maimaita kansa a ɗakin Inna, yaro ya ɗauka ciwon na allura ne.

Ina zaune ina jiran ya rufe murfi mutum uku suka zo da kalma ɗaya a baki: a yi musu ofdet. Ko ɗaya bai yi wa ba. Na farko tashoshinsa biyu ne suka ɓace, ashe firikwensi suka canza, aka shigar da sabuwar lamba aka yi sikanin, naira ɗari biyar. Na biyu ya ce rabin tashoshinsa sun tafi rabi suna nan. Injiniya ya ce masa ya je ya duba waya da kan dishi, domin risiba tana aika bolt 13 don tashoshin tsaye, bolt 18 don na kwance, in waya ta yi tsatsa ko ruwa ya shige ta sai ɗaya ya kasa isa. Na uku kuwa kukansa hoto yana daskarewa in hadari ya haɗu, ya tuna da daminar bara yana son ya yi riga-kafi. Aka ce masa wannan halin irin dishin nan ne mai kama zangon siginar da ake kira Ku, sigina tana tahowa daga nisan kilomita kusan 36,000, ruwan sama mai ƙarfi yana cinye ta a hanya. Maganinsa a daidaita dishi sosai ko a ƙara girmansa. Na ga mutumin ya fita ba da jin daɗi ba, ya so a soka masa filash ya ga lambobi suna gudu. Ina kyautata zaton ya samu mai yi masa a layi na gaba.

To yaushe ake sa sabuwar sofwaya ke nan? A bakinsa, sai in akwai ciwo takamaimai da aka san sabuwar tana warkarwa. Misali risiba tana maƙalewa in an shiga wani wuri a menu, ko agogonta yana rikicewa, ko YouTube da ke cikinta ya daina buɗewa saboda can an canza tsari, ko ka sayi 'yar eriyar waifai ta ƙi gane ta. Wannan na ƙarshen ma ya ce sau da yawa sauya eriyar ya fi sauƙi, domin wata sofwayar MT7601 ta sani, wata RT5370, sai ka sayi wadda taka ta sani. In kuma dole sai an sa, to daga kamfanin da ya yi ta ko dilan da ya sayar da ita za a samo, a kan lambar samfurinta daidai. Kamfanoni irin su Strong suna fitar da nasu da lambar kowane samfuri. Dikodojin biyan kuɗi kamar DStv da StarTimes su ba ruwansu da filash, ta sama ake aiko musu, naka kawai kada ka zare wuta in ka ga tana yi. Sharaɗinsa kafin ya taɓa kowace: damf tukuna, wuta tsayayya, ba a zare filash sai ta kashe kanta ta kunna. Akwai kuma zaɓi a wurin sakawa da mutane ba sa kula da shi, wani yana goge komai har jerin tashoshi, wani manhajar kaɗai yake taɓawa, wani kuma jerin tashoshin kaɗai.

Na tsokane shi da maganar sofwayar da ke buɗe ƙwallon kuɗi. Ya ce ba ya sayar da ita. Dalilin da ya fara kawowa ba na wa'azi ba ne: tana yin sati biyu ko wata ta rufe, mai ita ya dawo da abokansa su tsaya masa a ka ranar kasuwa. Sannan ya ƙara da cewa kayan mutane ne, shi kuma yana da 'ya'ya. Ban bincika ko haka yake yi wa kowa ba ko don ya ga hular malanta a kaina ne.

Na mayar wa mai shayi tasa da la'asar, ya kunna a gabana kafin ya amsa sallamata da kyau. Na wuce gida ina jin kaina kamar wanda ya dawo daga yaƙi. Aka haɗa wayoyi, aka kira Inna, aka miƙa mata rimot. Ta danna ɗaya.

Fim ɗin Indiya ne ya fito, ana tsakiyar rawa a kan dutse.

Inna ta matso da fuska kusa da gilashi, ta ja baya, ta ce, "Innalillahi! Su wane ne waɗannan a Harami?" Matata ta fita da gudu tana toshe baki. Ni kuwa nan take na gane: damf ɗin mai shayi ya zo da komai nasa, har da jerin tashoshinsa, kuma mai shayi ba da Makka yake fara dare ba. Na danna uku, babu sigina. Duk tashoshin Hausa na kan ƙaramin dishi sun mutu.

Wannan shi ne laifinsa na biyu, kuma ya fi na farko. Ya san jerin wani ya zuba mini, ya kamata ya faɗa, ya tambaye ni dishi nawa nake da su da yadda aka jera su a daisek. A rumfa tasha ɗaya ya gwada a kan dishinsa, ta nuna, ya rufe murfi. Mutumin da ya yi taka-tsantsan har da kwafe shara, ya manta da abin da mai gida zai fara gani. Na kira shi, kamar kullum ba a ɗauka. Sai bayan isha'i ya kira da kansa ya katse, na bi shi da katina. Amma ya tsaya da ni kusan minti ashirin ba tare da ƙosawa ba, yana cewa in shiga saitin eriya, in zaɓi tauraron, in tabbatar lambar kan dishi tana 9750 da 10600, sannan in duba ramin daisek. Na mai shayi Eutelsat a rami na uku yake, domin shi yana da ƙarin dishi mai kallon Arabsat a digiri 26 gabas, namu kuwa a rami na biyu. Ina mayar da shi biyu sandar sigina ta cika ta yi kore. Ya ce, "Malam, a yafe ni, kaina ne ya yi zafi yau." Na yafe.

Jera tashoshi na bar wa wanda ya jawo abin. Dare biyu ya yi yana goge na banza cikin fiye da dubu, yana kulle waɗanda ba su dace da gida ba, ya dawo da Makka ɗaya, Madina biyu, Arewa24 uku. Da ya gama, da rana tsaka batir yana cike, na tsaya a kansa ya kwafe damf ɗinmu a filash biyu. Ɗaya yana aljihun jakar makarantata. Ɗayan na ba Inna, ta ƙulle shi a leda tare da katin zaɓenta a ƙasan akwati, inda ko ni ba na kai hannu.

Wanda risibarsa ta yi ja ko ta tsaya a tambari a yankinmu, zan ce ya kai masa, in zai iya jure jira. Ya tafi da adaftarta da rimot ɗinta, kada ya ɗauki risiba tsirara, domin da su ake gane ciwon. In tana kunnuwa, ya ɗauki hoton shafin bayanin na'ura da na saitin eriya a wayarsa kafin ya fita daga gida, ya kuma riƙe filash nasa ya ce a zuba masa damf ɗinsa ya tafi da shi. Ranar Lahadi kawai ake samun sa a Gujungu, sauran ranaku kasuwanni yake bi, na ji ya ce yakan leƙa Shuwarin ranar Litinin da Maigatari ranar Alhamis. Mai neman a buɗe masa ƙwallon Ingila kyauta kada ya ɓata kuɗin motarsa.

Tashar wasannin nan har yanzu murya ce kawai. Na bar ta a lamba ta arba'in, yaron yana zama gaban baƙin gilashi yana sauraron mai sharhi da Larabci kamar rediyo, in an ci ya yi tsalle. Na ce masa in an sayar da riɗi za a duba mai H.265, amma ta Inna ba za a cire ta daga inda take ba. Makka tana gabanmu da awa biyu, don haka ana kiran magariba a garinmu su suna shirin tayar da isha'i. Daren farko na azumi Inna ta jawo kofin kununta gaban talabijin, ta danna ɗaya, ta ce a rage hayaniya liman ya kabbara.